Muryar da Lauro Ya Ara

Ranar da Lauro Yonamine ya rasu, jaridun São Paulo kamar sun haɗa baki, hoto ɗaya duk suka buga. Ga shi nan da farar hular takarda, da tabarau mai kaurin gindin kwalba, da haƙoran roba biyu da suka zaro waje, ya duƙa yana miƙa pastel, soyayyar fulawar nan mai nama ko cuku a ciki. A ƙasa suka rubuta wai Mai Pastel ya mutu. Mutumin da ya shafe shekara arba'in da biyar yana aiki, ba a tuna masa da komai ba sai haƙoran roba. Haushi ya kama ni har na kasa karin kumallo, na ɗauki jaridar na shimfiɗa ta ƙarƙashin kwanon kyanwata.

Sunana Odete. Shekara talatin da ɗaya na yi a bayan gilashi ina ɗaukar muryar mutumin nan, don haka in ana maganar wanda ya san shi, a ba ni wuri in zauna. Aikinmu ɗora murya ne. A kawo fim daga waje, a yanka shi guntu-guntu, ɗan wasa ya shiga ɗakin da aka toshe ko'ina, ya zuba wa allo ido, ya faɗi maganar da Fotugis daidai da motsin bakin wanda ke cikin hoton. Ni kuma ina wannan ɓangaren ina danna maɓalli ina cewa a sake. Lauro ya yi wa kaboyi murya, ya yi wa ɗan sanda, ya yi wa sarkin aljanu da wani tsohon matuƙin jirgin ruwa, ya yi wa wani kare mai surutu a katun ɗin yara har shekara goma sha biyu. Babu ɗan ƙasar nan da ya tashi gaban talabijin bai sha muryarsa ba, sai dai ba su san tasa ba ce.

A Vila Carrão aka haife shi, shi ne ɗan fari. Mahaifinsa Seu Seitoku ya sauko daga jirgin ruwan da ya kawo shi daga tsibirin Okinawa, can gabas mai nisa, yana ɗan shekara goma sha shida, ya yi noman auduga, ya yi na ayaba, daga ƙarshe ya kafa rumfar pastel a kasuwar titi, yau wannan unguwa gobe waccan. Matarsa Dona Tsuru ke murza fulawa tana cusa nama da cuku, shi yana tsaye gaban kaskon mai tun asuba. Fotugis ɗinsa bai taɓa miƙewa ba. Kalmomin a gutsure suke fitowa, ya haɗiye rabi ya bar rabi. Kuma yana da wata ɗabi'a: in zai miƙa wa mutum pastel sai ya ja iska ta tsakanin haƙora har kafaɗunsa su ɗaga, sa'an nan ya ce, "Ci da zafi, ci da zafi, kar ya huce."

Uban ya so Lauro ya zama likitan haƙori. Lauro kuwa makarantar wasan kwaikwayo ya tafi, kuma duk wanda ya gan shi a dandamali a lokacin ya ce yaron yana da abin. Da ya gama ya fara zagayen gidajen talabijin, sai ya tarar an riga an yanka wa fuskarsa aiki tun kafin ya buɗe baki. Ko mai wanki da guga, ko mai gyaran lambu, ko malamin karate, ko ɗan yawon buɗe ido da kyamara a wuya yana ta sunkuyawa. Shekara biyar yana wannan yawo, in ya samu layi uku a fim ranar biki ce a gidansa.

Sai aka kira shi gwaji a wani shirin barkwanci na ranar Lahadi. Shi da kansa ya ba ni labarin, a guntu-guntu, a kan kofi, cikin shekaru. Ya karanta abin da aka ba shi, daraktan ya jingina da kujera ya ce, "Kai, wannan Fotugis ɗin naka ai ya fi nawa kyau. Me zan yi da shi? Yi mini magana irin taku."

"Yallaɓai, a Vila Carrão aka haife ni. Wannan ita ce irin tamu."

"To ka gaida mutanen Vila Carrão. Na gaba!"

Har ya kama ƙofa. Matarsa Célia tana gida da ciki wata takwas, shi kuma rabonsa da aiki tun kafin Ista. Ya saki ƙofar ya juyo. Ya rage tsawonsa, ya ja iska ta tsakanin haƙora har kafaɗunsa suka taɓa kunnuwa, ya miƙa hannu ya ce, "Ci da zafi, ci da zafi, kar ya huce." Daraktan ya yi dariya har da bubbuga teburi. Haƙoran roba da tabarau daga baya aka ƙaro su.

Ba sai na faɗa wa ɗan ƙasar nan yadda abin ya kama ba. Wata uku bai cika ba kowa ya ɗauka. Kwandastan bas yana faɗa, malamar makaranta tana faɗa, uwata ma in ta ajiye mana miya sai ta ɗaga kafaɗa ta ja iska mu fashe da dariya. Ni ma na yi dariyar, ba zan yi ƙarya ba, kowace Lahadi na yi ta. Abin da ba mu sani ba shi ne akwai mutum ɗaya a São Paulo da haka yake magana da gaske, kuma yana tsaye a kasuwa kwana shida a mako inda kowa zai iya zuwa ya kalle shi.

Aka kuwa je. Samari su tsaya gaban rumfar su ja gefen idanunsu da yatsa, suna ihu, "Seu Seitoku, faɗi mana! Yi mana irin ta talabijin!" Ciniki ma ya ƙaru, wannan shi ne abin takaicin. Seu Seitoku bai zagi kowa ba, bai kori kowa ba. Abin da ya yi kawai, ya daina magana a kasuwa. Ya sa 'yarsa Neusa, ƙanwar Lauro, a gaba tana karɓar masu saye, shi ya koma wajen kasko. Ya tsamo pastel, ya naɗe a takarda, ya miƙa, bakinsa a rufe. Shekara tara yana haka har ya mutu.

Kuma kowace Lahadi, bayan an tashi daga kasuwa, iyalin duka a gidansa suke cin abincin rana. Da yake shirin ɗaukarsa ake yi a ajiye, Lauro yana zaune a falon ake nuna shi. Ƙarfe huɗu Seu Seitoku zai kunna akwatin da hannunsa, ya zauna a miƙe, tafukansa a kan gwiwa, ya kalla daga farko har ƙarshe. Ba ya dariya, ba ya ɓata fuska. In an gama ya tashi ya kashe, ya juyo wajen ɗansa ya ɗan sunkuyar da kai ya ce, "Sannu da aiki." Shi ke nan. Lauro ya ce mini da marinsa yake yi da ya fi masa sauƙi, domin mari ana ba da haƙuri a kansa, amma me za ka ce da mutumin da ya ce maka sannu?

Bai taɓa tambayarsa ba. Kullum yana cewa Lahadi mai zuwa. Wata Talata da safe tsohon ya zame gefen kaskon, kafin a kai shi asibiti rai ya yi halinsa. Lauro ya gama kwana arba'in da tara na makoki, ya je gidan talabijin ya ajiye musu haƙoransu a kan teburi, ya sha alwashin muryar nan ba za ta sake fita daga bakinsa ba. Suka yi lallashi, suka yi barazana, ya yi tafiyarsa.

Ya cika alwashin, ni shaida ce. Ana tare shi a titi, a layin banki, har a jana'izar mutane, a ce, "Mai Pastel, ɗan yi mana mana!" Sai ya yi murmushi ya ce, "Ya huce, ɗan'uwa," ya wuce. Wata rana wani sabon darakta ya kawo mana katun mai ɗan kuku ɗan China a ciki, ya ce da shi ta makirufo, "Seu Lauro, wannan ai naka ne, irin waccan muryar kawai za ka ba mu." Lauro ya cire abin sauraro daga kunne, ya rataye shi a hankali, ya ɗauki jakarsa ya fita. Daraktan ya dube ni ya ce me ya yi. Na ce masa ya je ya tambayi uwarsa yadda ake magana da manya. Kwana uku aka dakatar da ni, ban yi nadama ba.

Fuskarsa ba ta sake samun wani babban aiki ba. Ya yi likita a wani wasan talabijin mai dogon zango, layi biyu a mako, yawanci yana cewa mara lafiya na buƙatar hutu. Ya yi alƙali sau ɗaya. Fim guda ne ya ba shi abin da ya cancanta, inda ya fito a manomin auduga da gonarsa ta kuɓuce masa, har aka ba shi wani ɗan kofin tagulla a wani bikin finafinai na ƙaramin gari. Ranar da na je kallonsa mu goma sha ɗaya ne a silimar, har da mai shara. Amma a ɗakin ɗora murya babu wanda ya kama ƙafarsa. Sababbin 'yan wasa suna zuwa su liƙe idonsu a bakin jarumin cikin allo, suna ta tuntuɓe, sai ya ce musu, "Ku bar kallon baki, baki na ƙarshe ne. Kafaɗa za ku kalla. Mutum ba ya magana sai ya ja numfashi, in kun kama numfashinsa bakin zai biyo ku da kansa." Na ji wannan karatun ya fi sau ɗari biyar, har ina iya yi masa da irin muryarsa in ina son tsokanarsa.

Akwai abu ɗaya da danginsa suka riƙe shi da shi. A wajensu, allon katakon da ake rubuta sunayen mamatan gida, wanda ake kunna wa turare ana ajiye wa abinci, ɗan fari ne ke ɗaukarsa ya kai gidansa. Lauro bai ɗauka ba. Yau ya ce gidansa ƙarami ne, gobe ya ce sai an yi fenti. Tsofaffin unguwa suka yi gunaguni har suka gaji, allon yana nan a falon Dona Tsuru. Ni dai na san dalili. Ba zai iya kwana a gida ɗaya da sunan nan yana kallonsa ba.

Na yi ritaya, shi ma aikin ya ragu masa. Sai wata rana da hantsi Neusa ta buga mini ƙofa. Ta tuɓe takalmanta a bakin ƙofa, ko da yake na faɗa mata sau ɗari cewa daɓen gidana ya fi titi datti.

"Dona Odete, rigima na kawo miki."

"Ai na gani a fuskarki. Zauna, kofi ko ruwa?"

Ta fito da wani ɗan gwangwanin fim mai tsatsa daga jakarta. Wani maƙwabcinsu mai ɗaukar hoto ne ya ɗauki fim a kasuwa tun Lauro yana ɗan shekara bakwai, jikokinsa suka tsinto shi suna kwashe kaya. An riga an juye shi a kwamfuta. Sakan arba'in ne na Seu Seitoku a rumfarsa, ba sauti ko kaɗan. Sauran mako uku kuma a yi masa addu'ar shekara talatin da uku, wadda ita ce ta ƙarshe. Daga ita ba sauran makoki, an sallame shi ya tafi cikin kakanni.

Na ce, "To ai abin farin ciki ne, ku nuna a wajen taron."

Ta ce, "Wa zai gani? Inna shekararta casa'in da uku, haske kawai take bambancewa da duhu. Da na ba ta labari cewa ta yi, me zan yi da hoto, muryarsa nake nema. Wai kullum da safe tana lalubenta a kanta, ba ta samu. In ta matsa, sai ta talabijin ta fito mata." Neusa ta juya gwangwanin a hannunta. "Baba bai taɓa magana a kaset ba, Dona Odete. Ko sau ɗaya. Inna ta ce a faɗa wa Yaya ya sa masa murya, tana so ta ji mijinta kafin a sallame shi."

"Shi me ya ce?"

"Ya kashe mini waya."

Na san inda yake shan kofinsa na safe, gidan burodin kusurwar layinsu. Washegari na same shi a tsaye a kanta, ya tsufa ya rame, gashin nan fari fat. Ban ko gaishe shi ba.

"Kai tsohon banza. Ka yi wa kare murya shekara goma sha biyu, ka yi wa sarkin aljanu, uwarka ta roƙe ka sakan arba'in ka kashe waya?"

"Ina kwana, Dona Odete. Har yanzu bakin nan bai yi ritaya ba?"

"Sai na binne ka tukuna. Ba ni amsa."

Ya daɗe yana juya cokali a kofin da babu sukari a ciki. Sa'an nan ya ce, "Ba ƙi na yi ba. Ba ni da ita ne. Muryar Baba na ɗauka na murɗe ta shekara tara, har ta zauna a murɗe. In na buɗe baki ta Mai Pastel ce za ta fito. Kina so in tsaya gaban allonsa, gaban Inna, in sake yi masa dariya a ranarsa ta ƙarshe?"

Tausayinsa ya kama ni, amma ban nuna masa ba, domin na san shi, in ka tausaya masa ya samu ƙofar gudu. Na ce, "Asabar ƙarfe tara. Na ari situdiyo. In ta fito a murɗe na goge, ba wanda zai ji sai ni. In ba ka zo ba ni zan yi muryar da kaina, ka san kuwa zan iya."

Ya zo, har da riga mai kwala. Ya shiga ɗakin ya rufo ƙofa, na kashe fitila na saki fim ɗin. Hoton baƙi da fari ne, yana rawa. Ga rumfa, ga hayaƙin mai, ga Seu Seitoku matashi siriri da farin ƙyalle ɗaure a ƙugu. Ya tsamo pastel da ludayi mai huda, ya naɗe a takarda, ya durƙusa gaban wani yaro mai askakken kai, wanda shi ne Lauro. Bakinsa ya motsa. Ba sai an kira gwani ba, duk ɗan ƙasar nan da ya haura arba'in zai karanta wannan bakin. Ta cikin gilashi na ga Lauro ya dafa teburin karatu.

Na ce, "Ɗauka ta ɗaya." Hoton ya zagayo, ya ja iska, ya buɗe baki, Mai Pastel ya fito tsaf kamar jiya aka ajiye shi. Ni kuwa, Allah ya yafe mini, dariya ta kuɓuce mini. Ba ta wuce ƙiftawar ido ba, amma makirufona a buɗe yake, ta tafi kai tsaye cikin kunnensa. Shekarata sittin da takwas a lokacin, ban taɓa jin kunya irin ta wannan safiyar ba. Ya ɗago ya dube ni, ba da fushi ba, ya kai hannu zai cire abin sauraron.

Kunyar ce ta juye mini ta zama faɗa. Na ce, "Kar ka kuskura ka cire! Kai da ka ishi yara da karatun kafaɗa, me ka kalla yanzu? Baki ka kalla! Tsaya nan in rage masa gudu."

Na rage gudun har hoton ya koma tafiya taki-taki. Seu Seitoku ya durƙusa. Kafaɗunsa suka ɗaga, ga jan iskar nan da duk ƙasa ta haddace. Amma bai yi magana ba. Kumatunsa suka cika, ya kai pastel ɗin kusa da bakinsa, bakin takardar ya kaɗa, tururin ya kwanta gefe. Hura masa yake yi. Sai da ya hura sau biyu, ya taɓa da bayan yatsa, sa'an nan ya miƙa wa yaron ya yi maganar, kuma daga yadda wuyansa yake ka san ƙasa-ƙasa ya yi ta.

Can na ji ya ce, "Sake." Na sake. Sau goma sha huɗu ina sakewa, ba ya cewa komai sai wannan kalmar. Daga ƙarshe ya ce, ba da ni yake ba sosai, "Ba ya hura wa masu saye, ai ba a hura wa baƙo abinci. Jan iskar ce kawai ta zame masa jiki. Daga kaina ya koye ta." Ya share fuska da hannun riga. "Ita kuwa na fi ja a talabijin, don ita ta fi ba su dariya."

Na ce, "Ɗauka ta biyu, in ka shirya."

Ya ja numfashin tare da ubansa, ya hura sau biyu a hankali gefen makirufo, ya faɗi maganar daga can cikin ƙirji. Bai gyara ko harafi ɗaya ba. Kalmomin a gutsure suke kamar dā, rabi a haɗiye, amma babu abin dariya a ciki ko na ƙwayar gero. Mutum ne kawai yana ba ɗansa abinci. Ban nemi ta uku ba. Ranar Laraba na je kasuwar unguwarmu da na'urata na ɗauko ƙarar mai yana soyuwa da hayaniyar mutane, na shimfiɗa a ƙarƙashi.

Ranar addu'ar gidan Dona Tsuru ya cika har bakin titi. Da yake ta ƙarshe ce, ba a zo da fuskar makoki ba. An dafa naman alade, an jera waina ja da fara gaban allon, baƙin turarensu yana ta hayaƙi, wasu tsofaffi biyu sun zo da molonsu mai tsirkiya uku don rawar da za a yi bayan an gama. Neusa ta kafa kasko a tsakar gida tana soya pastel. Da aka idar da addu'a wajen azahar, aka ja labule, aka zaunar da tsohuwar a kujera dab da lasifika. Lauro ya tafi can baya ya tsaya jikin ƙofar kicin kamar mai shirin gudu. Ni ma a tsorace nake, domin mutum sittin ne a wurin, kuma babu wanda bai taɓa dariya da wannan maganar ba.

Na danna. Ƙarar mai ta cika falon. Aka ji jan numfashi, wani suruki a gefena har ya fara murmushi ya buɗe baki. Sai aka ji hurawar. Murmushin ya tsaya masa a fuska bai san inda zai kai shi ba. "Ci da zafi, ci da zafi, kar ya huce." Babu wanda ya yi ko tari.

Dona Tsuru ta karkatar da kai wajen lasifikar. Ta ce, "A sake." Na sake. Ta ce a sake, na sake. A na ukun leɓunanta suna motsi tare da shi. Sa'an nan ta miƙa hannu cikin iska ta ce, "Ina Lauro?"

Aka buɗa masa hanya. Ya zo ya durƙusa gabanta, dattijo mai shekara sittin da tara, ta lalubo kansa ta dafa.

"Shi ne," ta ce. "Haka yake yi. Na samu."

"Inna, ni na rufe masa baki. Shekara tara bai yi magana a kasuwa ba saboda ni."

"Wa ya faɗa maka?"

"Ba sai an faɗa mini ba."

"Kai dai tun kana ƙarami ba ka tambaya, sai ka zauna ka yanke wa kanka hukunci." Ta ɗan ja kunnensa. "Ka manta dokar kasuwa? In wani naka ya kafa rumfa, ba ka kasa irin kayansa a layin da yake. Da ɗan'uwan babanka ya fara pastel a kasuwar Alhamis, ba mun bar masa Alhamis ba? Babanka cewa ya yi, yaron ya samu abin sayarwa, da shi yake ciyar da jikata. In mu biyu muna faɗa, nasa zai yi araha. Na bar masa."

Da Lauro ya yi magana da ƙyar aka ji. "Bai ji ciwo ba?"

"Ya ji mana. Lahadin farko ya shige lambu wajen shukokinsa, bai fito ba sai da rana ta faɗi. Da ya fito ne ya faɗa mini abin da na faɗa maka." Ta shafa farin gashin nan kamar na jariri. "Tashi haka nan, mutane na jiran rawa. Sannu da aiki."

Na ga mutumin nan ya yi kukan ƙarya gaban makirufo sau ɗaruruwa, na kaboyi da na sarki da na kare. Ranar na fara jin nasa, kuma ba shi da daɗin ji ko kaɗan. Ni ma ban tsaya kallo ba, na shige kicin na yi nawa a kan tulin kwanuka.

Da la'asar, bayan an yi rawa an watse, ya naɗe allon sunayen a farin ƙyalle ya rungume shi a gaban motar Neusa. Ni ina baya da ragowar pastel a cinya. A gidansa na taya shi kwashe kan kanta, muka sauke kofin tagullan nan da hotunan jikoki, ya goge wurin ya zaunar da allon. Ya kunna turare. Ya karɓi pastel ɗaya daga hannuna ya ɗora a ɗan faranti. Tun azahar aka soya shi, ya huce har ya yi tauri. Ina tsaye a bayansa na ga kafaɗunsa sun ɗaga, ya sunkuya ya hura masa sau biyu, sa'an nan ya ajiye gaban sunan.